Waɗanda Tsawa Ta Bari da Rai

Ranar 28 ga watan Yunin 2011 an tashi daga makarantar firamare ta Runyanya, a gundumar Kiryandongo ta ƙasar Yuganda, amma ruwan sama ya hana yara tafiya gida. Suka fake a cikin aji suna jiran a ɗauke. Nan tsawa ta same su. Yara 18 suka rasu, aka kwashi wasu fiye da 30 zuwa asibiti. Labarin ya zagaya duniya na 'yan kwanaki, kowace jarida ta sa adadin mamata a kanun labarinta. Waɗanda aka sallamo daga asibiti kuwa, aka ce sun auna arziki, aka yi musu barka, shi ke nan ba a sake jin ɗuriyarsu ba.

Haka ake yi kullum. A watan Maris na 2018 tsawa ta faɗa wa wata majami'a a gundumar Nyaruguru ta kudancin Ruwanda ana tsakiyar ibada, mutum 16 suka mutu, kusan 140 suka jikkata. A watan Nuwamba na 2024 ta faɗa wa masu addu'a a sansanin 'yan gudun hijira na Palabek a arewacin Yuganda, 14 suka mutu, 34 suka ji rauni. A mafi yawan lokuta masu rai sun fi mamata yawa, nesa ba kusa ba. A ƙasashen da ake rubuta irin waɗannan abubuwa, likitoci sun gano cewa cikin mutum goma da tsawa ta taɓa, kimanin tara suna rayuwa. Wani ƙiyasi da masana suka fi ambata ya ce mutum 24,000 ke mutuwa a duniya kowace shekara, 240,000 kuma ke jikkata. Ƙiyasi ne kawai, domin yawancin ƙasashen da tsawa ta fi yi wa ɓarna ba sa ƙirga ko mamatan, balle masu rai. Waɗannan mutum tara ɗin suna nan cikinmu, a gona da kasuwa da aji, kuma da yawansu ba su ƙara komawa yadda suke a da ba.

Abin da zai fara ɗaure wa mutum kai shi ne yadda ake rayuwa bayan wannan dukan. Tsawa guda ɗaya takan zo da wutar lantarki mai ƙarfin amfiya kusan 30,000, alhali abin da bai kai amfiya ɗaya ba ya isa ya tsayar da zuciyar ƙato. Iskar da ke kan hanyarta takan yi zafin da ya kusa digiri 30,000, wajen ninki biyar na zafin fuskar rana. Wannan zafin ne ke sa iska ta buɗe da ƙarfi, a ji rugugin da ke girgiza gini. To, me ya sa mutum ba ya zama toka?

Gajartar lokaci ce. Wanda ya kama wayar lantarki mai ƙarfi yakan manne da ita na daƙiƙoƙi, wutar ta samu lokacin dafa nama da ƙashi, shi ya sa ake yanke wa irinsu hannu ko ƙafa. Dukan tsawa kuwa ya fi ƙiftawar ido sauri. Kaɗan ne daga wutar ke shiga cikin jiki, sauran sai ta bi ta saman fata ta wuce ƙasa. A wannan wucewar take mayar da gumi da ruwan saman da ke jikin mutum tururi nan take, tururin ya yayyaga riga, ya fasa takalmi ya yi jifa da shi gefe. Dalilin ke nan da ake tsintar wasu kusan tsirara, ba takalmi, amma ba wata babbar ƙuna a jikinsu. Inda ake ganin ƙuna sosai shi ne wajen da ƙarfe ya kwanta a kan fata: zanen sarƙa a wuyan mace, kan bel a ciki, zagayen tsabar kuɗi a cinya daidai aljihu.

Wasu kuma sukan tashi da wani jan zane a baya ko kafaɗa, mai rassa kamar na bishiya. Likitoci suna kiransa da sunan Lichtenberg, wani Bajamushe masanin kimiyya da ya fara ganin irin siffar a gwajin lantarki a 1777. Ba ƙuna ba ce, ba ya ciwo, kuma yakan ɓace cikin kwana ɗaya ko biyu. Akwai shanyewar ƙafafu ta ɗan lokaci: mutum ya farfaɗo ya ga ƙafafunsa sun yi sanyi ƙalau, launinsu ya sauya, ba ya iya motsa su, har a kasa jin bugun jini a cikinsu. Mai ganin haka sai ya ɗauka ya gurgunce ke nan, amma galibi bayan 'yan awoyi sukan saki. Dodon kunne yana fashewa ga kusan rabin waɗanda aka kai asibiti. Yanar ido takan biyo baya, wani lokaci bayan makonni, wani lokaci bayan watanni, lokacin da ba mai danganta ta da tsawar bara.

Amma abin da ke raba mai rai da mamaci yana faruwa ne a mintunan farko, kuma a nan ne nake ganin muke asarar rayukan da bai kamata a rasa ba. Idan wutar ta ratsa, zuciya takan tsaya cak. Sau da yawa takan sake tashi da kanta bayan ɗan lokaci, domin Allah ya halicce ta da nata tsarin bugawa. Matsalar tana wajen numfashi. Sashen ƙwaƙwalwa da ke ba da umarnin shaƙar iska yakan daɗe a sume fiye da zuciya. Sai ga zuciya tana bugawa, huhu ba ya aiki. Idan ba wanda ya hura wa mutumin iska, jininsa ya rasa iskar da yake ɗauka, zuciyar ta sake tsayawa, wannan karon ba tashi. Ƙwaƙwalwa kuwa daga minti huɗu zuwa shida ba iska ta fara lalacewa.

Saboda haka likitocin gaggawa suka juya ƙa'idarsu a kan tsawa. A hatsarin mota mai yawan mutane, ana barin wanda ba ya numfashi a ruga wajen masu sauran rai. A tsawa akasin haka ake yi. Mai ihu da mai nishi kusan duk za su rayu, don haka wanda ke kwance shiru kamar gawa shi ake fara nufa. A danna tsakiyar ƙirjinsa da ƙarfi da sauri sau 30, a hura masa iska ta baki sau 2, a ci gaba da haka ba tsayawa. Ko da ƙwayar idonsa ta buɗe ta daina motsi, ba hujjar mutuwa ba ce a wannan hali, domin tsawa kan rikita jijiyoyin ido na ɗan lokaci.

A 1994 wani likitan ƙashi mai suna Tony Cicoria, ɗan shekara 42, ya gama magana da mahaifiyarsa a wayar tarho ta kan hanya kusa da birnin Albany a jihar New York ta Amurka. Tsawa ta biyo ta wayar ta same shi, ya faɗi, zuciyarsa ta tsaya. Matar da ke tsaye a bayansa tana jiran ya gama ta yi waya, ashe ma'aikaciyar jinya ce. Ba ta tsaya salati da neman jama'a ba, ta durƙusa ta kama danna ƙirjinsa. Ya rayu, ya koma aikin tiyata. Da wani ne a bayansa wanda ke tsoron taɓa shi, da sai dai a kira shi marigayi.

Tsoron taɓawar nan ba ƙaramin abu ba ne, kuma ba a wuri ɗaya yake ba. A ƙasashe da dama mutane sun yarda cewa wutar tana nan a jikin wanda tsawa ta kayar, duk wanda ya taɓa shi za ta kama shi. A wasu wuraren al'ada ce ta gindaya sharaɗi. A tsohuwar al'adar Zabarmawa da Songai, tsawa ta abin bautarsu Dongo ce, kuma bokan da ake kira sorko ne ke da hurumin tsarkake wanda ta faɗa wa. Bafaranshen nan mai shirya fina-finai, Jean Rouch, ya fara cin karo da wannan al'ada a 1942, yana injiniyan hanya a Nijar, lokacin da tsawa ta kashe masa leburori goma, aka kira kakar abokinsa Damouré Zika ta jagoranci tsarkake su. Ba raina al'adar kowa nake yi ba, amma gaskiya ɗaya ce: jikin mutum ba ya ajiye wutar tsawa ko ta daƙiƙa guda. Da ta wuce, ta wuce. Duk mintin da aka ɓata ana jiran wani ya zo, ko ana neman madarar da za a zuba masa bisa al'ada, daga ran wanda ke kwance ake cire shi.

To, an farfaɗo, an kai asibiti, an duba zuciya, an sa magani a ƙuna, an sallame shi bayan kwana biyu. A wajen dangi magana ta ƙare. A wajen mai abin, yanzu aka fara.

Steve Marshburn ma'aikacin banki ne a jihar North Carolina. A 1969 yana zaune a bakin aikinsa, a cikin gini, tsawa ta shigo ta na'urar magana da ke jikin tagar da ake sallamar masu mota, ta same shi a baya. Bai mutu ba. Amma daga ranar ciwon baya da ciwon kai da mantuwa suka zame masa abokan zama, ya yi ta yawon asibitoci, likitoci da yawa suna duba shi su ce ba su ga komai ba, wasu ma ba su yarda tsawa za ta sami mutum a cikin banki ba. Sai da ya shekara ashirin a haka, sannan a 1989 shi da matarsa suka kafa ƙungiyar waɗanda suka tsira daga tsawa da jan wutar lantarki. Mutane suka yi ta zuwa taronta na shekara-shekara daga nesa, kuma abin da ya fi kawo su shi ne su zauna da wanda ba zai ce ƙarya suke yi ba.

Koke-kokensu kusan iri ɗaya ne. Mutum ya tashi zai ɗauko abu a ɗaki, ya isa ƙofa ya manta me ya kawo shi. Ana ba shi saƙo uku, ya riƙe ɗaya. Tsohon karatu yana nan, sunayen 'yan uwa suna nan, amma sabon abu ba ya zama. Ba ya iya haɗa aiki biyu a lokaci guda: mace tana girki yaro ya yi mata magana, sai komai ya kwance mata. Hayaniyar kasuwa ko ta gidan biki ta zama azaba. Kalmar da ya sani sarai ta maƙale a harshe. Ga ƙara a kunne dare da rana, ga jiri, ga ciwon kai, ga zogi ko zafi kamar na barkono a hannu da ƙafa saboda jijiyoyin da suka taɓu. Barci ya ƙaurace, gajiya ta yi yawa, mutumin da ke yini a gona yanzu awa biyu ta ishe shi. Sannan hali ya sauya. Mai haƙuri ya koma mai saurin fushi, mai son hira ya koma mai ƙunshe kansa a ɗaki. Da hadari ya haɗo, gabansa ya kama faɗuwa, jiki ya ɗauki rawa.

Idan aka ɗauki hoton ƙwaƙwalwarsa da manyan na'urorin asibiti, galibi sai a ga komai lafiya. Duk wanda aka taɓa kawo wa wuta da ƙarfi ta lalata masa talabijin ya san irin wannan: ka duba akwatin ba tsaga ba tabo, gilashi garau, amma ka kunna ya ƙi yin abin da ya saba. Na'urorin hoto siffar ƙwaƙwalwa suke nunawa, ba yadda take aiki ba. Sai an zaunar da mutum an yi masa gwajin tunani da riƙe abu da saurin fahimta sannan raunin ke bayyana. Dokta Mary Ann Cooper, likitar gaggawa da ta koyar a Jami'ar Illinois da ke Chicago, tana cikin waɗanda suka fi daɗewa a kan wannan fanni; tun 1980 ta wallafa bincike a kan raunin tsawa. Aikinta da na abokan aikinta ne ya sa aka fara karɓar cewa raunin tsawa rauni ne na ƙwaƙwalwa da jijiyoyi kafin ya zama na fata, kuma yawancin waɗanda suka rayu suna fama da wani abu na dindindin, babba ko ƙarami.

Ka ɗauki wannan ka kai shi gidan talaka. Magidanci ya daina iya ciyar da gida, kuma ba gurgu ba ne balle a tausaya masa. Uwargida ta ce malam ya canja. 'Yan uwa su ce lalaci ne ya kama shi, wasu su ce taɓin hankali ne, wasu su ce iska ce ta shige shi. A Amurka ma, inda ake da inshora da likitocin ƙwaƙwalwa, aure da yawa sun mutu a kan haka, mutane da yawa sun rasa aiki. Yaro ya fi ba ni tausayi. Ɗalibin da ke zuwa na biyar a aji ya koma na ƙarshe, malami yana magana ba ya ji sosai saboda kunne ɗaya ya mutu, abin da aka koya da safe ya gudu kafin azahar. Ba wanda ya gaya wa malamin cewa wannan ciwo ne, don haka bulala ce maganin da zai samu, daga nan ya bar makarantar.

Ana yawan ba da labarin Roy Sullivan a matsayin abin al'ajabi. Ma'aikacin gandun daji ne a Shenandoah, jihar Virginia, kuma kundin Guinness ya rubuta cewa tsawa ta same shi sau bakwai tsakanin 1942 da 1977. Ta farko ta cire masa farcen babban yatsan ƙafa, wata ta ƙone masa gira, fiye da sau ɗaya gashin kansa ya kama da wuta, har ya koma yawo da gwangwanin ruwa a motarsa. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne yadda mutane suka riƙa gudunsa da zarar sun ga hadari, kuma shi da kansa ya nuna abin yana damunsa. Ya mutu a 1983 yana da shekara 71, da harbin bindiga da hukuma ta ce shi ya yi wa kansa. Shi ma Cicoria, abin da ya sa duniya ta san shi, bayan hatsarin ne wata irin ƙaunar kiɗan fiyano ta kama shi har ya koya ya fara tsara nasa, likitan ƙwaƙwalwa Oliver Sacks ya ba da labarinsa a wani littafi a 2007. Irin waɗannan labarai suna da daɗin ji, amma suna ɓatar da mutane. Tsawa ba ta ba da baiwa. A kan kowane Cicoria guda akwai dubbai da ta raba da sana'arsu.

A Afirka akwai wani nauyin da ake ɗora wa mai rai bayan na ciwo, wato zargi. A tsohuwar al'adar Yarabawa tsawa hukuncin abin bautarsu Sango ce a kan maƙaryaci da ɓarawo, kuma gidan da ta faɗa wa sai bokayen Sango sun zo sun yi aikinsu, masu gida su biya. A lardin da ake kira Limpopo a yau, a Afirka ta Kudu, an kashe mutane da dama a shekarun 1990 bisa zargin maita, ciki har da zargin turo tsawa, har aka kafa kwamitin bincike na Ralushai a 1995. Mu ma a ƙasar Hausa an daɗe ana rantsuwa da aradu da kwarankwatsa, ana kuma ajiye gatarin aradu, wannan sulɓaɓɓen dutse da ake cewa tsawa ce ta jefo shi, wanda masu binciken kayan tarihi suka tabbatar makamin mutanen da ne da suka sassaƙa da hannunsu. Inda ake rantsuwa da abu, wanda abin ya faɗa wa ba zai rasa masu kallonsa ta wutsiyar ido ba. Ko ba a faɗa a gabansa ba, za a faɗa a bayansa: me ya yi? Da yawa saboda haka suke ɓoye abin da ya same su, ba sa zuwa asibiti, ba sa gaya wa kowa.

A watan Satumban 2019 tsawa ta kashe shanu 36 a kan dutsen Oke Owa a garin Ijare na jihar Ondo. Masu gari suka ce fushin abin bautarsu ne, domin makiyaya sun hau wurin da aka haramta. Shekara uku kafin nan, a watan Agustan 2016, an tsinci gawar dabbobin dawa 323, dangin barewa, a tudun Hardangervidda na ƙasar Norway, inda ba wanda ya keta haramcin kowa. Dalilin duka biyun ɗaya ne. Idan tsawa ta sauka a ƙasa, wutar takan bazu ta kowane gefe, ƙarfinta yana raguwa da nisa. Duk mai rai da ke tsaye a wurin, wutar za ta hau ta ƙafar da ta fi kusa ta sauka ta wadda ta fi nisa. Saniya tazarar ƙafafunta na gaba da na baya babba ce, zuciyarta kuma tana tsakani, ga shi da hadari garke ke cunkushewa wuri ɗaya.

Wannan wutar da ke bi ta ƙasa ita ce ke jawo kusan rabin mutuwa da raunin mutane ma. Kusan kashi ɗaya cikin uku kuma daga tsallake ne: tsawa ta sauka a kan bishiya ko rufi, ta yi tsalle zuwa kan wanda ya fake a ƙarƙashi. Saukar tsawa kai tsaye a kan mutum, wadda kowa ke tunani, ba ta wuce kashi 3 zuwa 5 cikin ɗari ba. Sauran su ne wanda ke riƙe da abin da wutar ta biyo, kamar shingen waya ko famfo, da wanda wani harshen wuta ya tashi daga jikinsa zuwa sama yana neman haɗuwa da mai saukowa. Ba ruwan tsawa da halin mutum. Tsawo take bi, da kaɗaici a fili, da inda mutum ya tsaya. Ba ruwanta da jar riga ko madubi, kuma wayar hannu ba ta jawo ta. Haɗarin waya yana ga wadda ke jone da caji a bango.

Wanda ya fi shiga hannunta shi ne wanda abincinsa ke fili kuma ɗakinsa ba ya kare shi. A farkon shekarun 1940 tsawa na kashe mutum 300 zuwa 400 a Amurka duk shekara. Yanzu kimanin 20 ne, alhali jama'ar ƙasar ta ninka fiye da sau biyu. Tsawar ba ta ragu ba. Mutane ne suka bar noman hannu, suka shiga gidaje masu wayoyin lantarki da bututun ruwa a cikin bango, waɗanda ke karɓar wutar su kai ta ƙasa, suka samu motoci masu rufin ƙarfe, aka kuma koya wa jama'a farfaɗo da wanda ya suma. A Indiya har yanzu fiye da mutum 2,500 ke mutuwa a shekara, yawancinsu manoma. Bangaladash ta ayyana tsawa a matsayin bala'i na ƙasa a 2016, bayan ta kashe fiye da mutum 80 cikin 'yan kwanaki a watan Mayu. Binciken da aka yi da tauraron ɗan'adam na hukumar NASA ya nuna cewa cikin wurare 500 da walƙiya ta fi yawa a duniya, 283 a Afirka suke.

Shi ya sa ajin makaranta da ɗakin ibada na karkara suke zama tarko. Rufin kwano ne a kan katako, bango na laka ko bulo, ba waya ba bututu, daɓe kuma ƙasa ce. Tsawa ta sauka a kan kwano ta rasa hanyar sauka, sai ta yi tsalle zuwa kan mutanen da ke cunkushe a ciki. Bukka da ɗakin jinka sun fi muni, domin ciyawar takan kama da wuta, waɗanda ƙafafunsu suka shanye na ɗan lokaci su kasa fita. Bayan abin da ya faru a Runyanya aka kafa ƙungiyar ACLENet a Yuganda a 2014, wadda Dokta Cooper ke cikin jagororinta, tana sanya wa makarantu kariyar tsawa, kuma ranar 28 ga Yuni ta zama ranar wayar da kai a kan tsawa ta duniya. Kariyar ba sabon ilimi ba ce, tun zamanin Benjamin Franklin a shekarun 1750 aka san ta: ƙarfe a saman gini, kakkaurar waya da ke saukowa ta jikin bango, da ƙarfen da aka binne a ƙasa yadda ya kamata. Dole ukun su cika. Ƙarfen da aka kafa a rufi aka bar wayarsa a tsinke, ko ɓarayi suka yanke ta, ba ya kare kowa. A ganina duk gwamnatin da ke ba da kwangilar gina aji ba tare da wannan a cikin sharaɗi ba, ta bar aikinta rabi.

Ga wanda abin ya riga ya same shi, ba wani magani guda da ke goge raunin, amma akwai abin yi. A kai shi asibiti ko da ya miƙe da ƙafarsa yana cewa lafiyarsa lau, a duba zuciya, a leƙa kunne. Kada a ɗiga masa komai a kunnen da ke zubar da jini ko ruwa. A koma a duba ido bayan watanni, domin yanar da tsawa ta jawo ana cire ta da tiyata kamar kowace yana. Ciwon jijiya da rashin barci da baƙin ciki duk suna da magungunan da ke sassauta su. Sauran aikin na gida ne. A riƙa ba shi saƙo ɗaya-ɗaya, a rage masa hayaniya, a bar shi ya huta ba gori. Idan yaro ne, uba ya je ya sami malam ya yi masa bayani, a dawo da shi layin gaba ta ɓangaren kunnen da ke ji. Wasu suna samun sauƙi sosai cikin shekara ɗaya ko biyu, wasu kuma sai dai su koyi zama da abin, kuma waɗanda iyalansu suka yarda da su sun fi saurin tsayawa da ƙafafunsu.

Shawarar da ake bayarwa a ƙasashen masu hali ita ce da ka ji tsawa ka shiga ƙaƙƙarfan gini ko rufaffiyar mota, kada ka fito sai an yi minti 30 da jin rugugi na ƙarshe. Shawara ce mai kyau, domin duk wanda ke jin tsawa yana inda za ta iya kai masa. Ƙara tana cin kilomita ɗaya cikin daƙiƙa uku, tsawa kuma takan sauka a nisan kilomita 15 daga inda ake ruwan. Amma makiyayin da ke tsakiyar daji, da manomin da gonarsa ke da tafiyar awa guda daga gari, da masuncin da ke cikin kwalekwale, ina za su shiga? Babur da adaidaita sahu ba mafaka ba ne, rumfar kasuwa ma haka. Abin da ya rage musu shi ne rage haɗarin. A dubi gabas tun hadari bai haɗo ba a kama hanyar gida, a ci ƙarfin aiki da safe tunda hadarin damina ya fi tasowa da yamma ko dare. Idan ya riske mutum a fili, ya sauka daga tudu, ya fita daga ruwa, ya nisanci doguwar bishiyar da ke tsaye ita kaɗai komai daɗin inuwarta, ya rabu da shingen waya, ya fita daga tsakiyar garke. Kada ya kwanta a ƙasa, ya haɗe ƙafafunsa wuri ɗaya. Idan kuma jama'a ne, kamar 'yan gayya a gona ko 'yan ƙwallo a fili, kada tsoro ya sa su dunƙule. Su warwatsu, aƙalla mita 6 tsakanin mutum da mutum, yadda idan ta sami ɗaya ko biyu za a samu waɗanda suka rage a tsaye da za su danna musu ƙirji su hura musu iska.